Funfunar Da Ke Yanka Wa Ƙwaro Sa'ar Mutuwarsa

Bari mu fara da abin da babu shi. A ƙaddara akwai wata irin funfuna wadda in ƙurarta ta shiga jikin mutum sai ta zauna ciki tana ci tana sha, sa'an nan ta rikita masa lissafin lokaci. Akawu ya zauna bisa kujerarsa da hantsi, ya ga kamar yanzun nan ya ɗauki alƙalami, ya ɗaga kai ya tarar masinja na rufe tagogi. Malami ya shiga aji, darasin minti 40 ya zame masa kamar yini guda. Manomi ya tashi da tsakar dare ya saɓa fartanya, yana faɗa da iyalinsa wai sun bar shi ya makara. Wannan funfuna ƙage ce, likitoci ba su taɓa samun irinta a jikin ɗan Adam ba. Masu shirya wasanni a Amurka sun ƙago 'yar'uwarta cikin The Last of Us, wanda ya fito a wasan kwamfuta cikin 2013 aka kuma mai da shi na talabijin cikin 2023, inda funfuna ke juya mutane su koma mahaukata masu cizo. Amma ba daga iska suka tsinto labarin ba. A wurin ƙwari suka aro shi, gama abin da ya ke tatsuniya a wurinmu, a wurin tururuwa da ƙuda da fara gaskiya ce ta kowace rana.

Da farko sai mu san wace ce funfuna. Kowa ya san wadda ke fitowa bisa tuwon da ya kwana biyu cikin damina, ko bisa takalmin fata da aka manta a ƙuryar ɗaki. Masana sun haɗa ta zuriya ɗaya da laimar kwaɗi mai tsirowa a juji, da yisti na masu burodi, da burtuntunar dawa, har da makero da ƙyasfi da ke fitowa a fatar mutum. Ba dabba ba ce, ba kuma ɗaya ta ke da tsiro mai ganye ba, gama ba ta iya haɗa abincinta da hasken rana, sai dai ta ci abin da wani ya tara. Jikinta zare-zare ne siriri ƙwarai, irinta kuwa ƙura ce wadda ido ba ya ganin ƙwaya ɗaya sai da madubin likita. An riga an laƙaba wa wajen iri 150,000 suna. Galibinsu mushe da ruɓaɓɓen itace su ke ci. Waɗansu kuwa cima-zaune ne, kamar kauci bisa reshe ko ƙuduji a gindin dawa, watau mai masaukinsu na da rai su ke cinsa.

AGOGO BIYU

Abu na biyu da ya kamata a rarrabe shi ne, sanin lokaci iri biyu ne. Akwai lissafin zuci, akwai kuma agogon da ke cikin jiki. Cikin 1962 wani saurayi Bafaranshe, Michel Siffre, ya shiga wani kogo mai zurfi a duwatsun Alps ya zauna wata biyu, ba rana ba agogo. Ranar 14 ga Satumba da aka gaya masa lokaci ya cika, shi a lissafinsa 20 ga Agusta a ke. Zuciyarsa ta ɓatar da kwana 25. Amma mutanen da ke bakin kogon suna rubuta lokacin barcinsa da na tashinsa sun ga jikinsa bai ɓata ba, yana kewayowa kowace awa 24 da 'yan mintoci.

Ba mutum kaɗai ke da wannan agogon ba. Tun cikin 1729 wani masani na Faransa, de Mairan, ya kulle wani tsiro mai naɗe ganye cikin duhu, ya ga bai fasa buɗewa da safe da rufewa da maraice ba. Malamin da ke so ya nuna wa yara wannan ba ya bukatar kayan Turai, ganyen gyaɗa da na tsamiya duk suna naɗewa da dare. Cikin 1971 Ronald Konopka da Seymour Benzer a Amurka suka sami ƙananan ƙudajen nan masu bin ruɓaɓɓun 'ya'yan itace waɗanda agogonsu ya karkace tun daga haihuwa: na waɗansu awa 19 ne yininsu, na waɗansu 28, waɗansu kuwa ba su da tsari ko kaɗan, duk kuwa saboda taɓuwar ƙwayar gado guda ɗaya. Mutum uku da suka bi diddigin wannan ƙwaya suka gano yadda ta ke aiki su aka ba lambar Nobel ta aikin likita cikin 2017. Abin da za a riƙe a nan shi ne, ita ma funfuna tana da nata. Akwai wata jar funfunar burodi, Neurospora, wadda ko an ajiye ta cikin duhu tana fid da iri kowace awa 22 ko wajen haka. To, in mai agogo ya shiga jikin mai agogo, na wa za a bi?

TURURUWAR TAILAN

A cikin kurmin lardin Trang, kudancin ƙasar Tailan, akwai wata irin tururuwa mai yin gida can ƙololuwar itatuwa. Tana da hanyoyinta da ta ke bi sahu-sahu, ba ta cika sauka ƙasa ba sai in za ta ƙetara daga wannan itace zuwa wancan. A wajen saukar nan ne ƙurar wata funfuna mai suna Ophiocordyceps unilateralis ke manne mata. Ƙwayar ta huda ɓawon jikinta ta shiga, ta yi ta hayayyafa cikin ruwan jiki, tururuwa na ta aikinta ba ta nuna alamar kome ba. Sai ran nan ta bar sahu. Ta riƙa tangaɗi kamar mashayi, jikinta na karkarwa har ta faɗo ƙasa, sa'an nan ta nemi wani ɗan ƙaramin tsiro ta hau.

David Hughes da abokan aikinsa sun bi waɗannan tururuwa sun auna inda su ke ƙarewa, suka buga sakamakon cikin 2009 da 2011. Abin da suka gani ya wuce a ce dace ne. Gawar tana ƙarƙashin ganye ne, wajen inci 10 daga ƙasa, galibi ta gefen arewa na tsiron, ta kafa muƙamuƙi a jijiyar ganyen. A daidai wannan tsawo laimar iska ta kan kai kashi 95 cikin 100, zafi kuma bai yi yawa ba. Da suka cire waɗansu gawawwaki suka kai su saman itace ko suka ajiye su a ƙasa, funfunar ta kasa girma yadda ya kamata. Ashe wurin da tururuwa ta zaɓa ba don kanta ta zaɓa ba.

Ga kuma maganar lokaci, wadda ita ce ta kawo mu. Cizon ganyen nan ba a kowace sa'a ya ke faruwa ba. Tururuwan da aka bi, da hantsi su ke yawon tangaɗinsu, cizon kuwa sai rana ta kusa tsaka. Da ta ciza shi ke nan, tsokar muƙamuƙi ta lalace, baki ba ya sake buɗuwa. Bayan 'yan sa'o'i ta mutu. Cikin kwanakin da ke biye sai wani tsinke ya tsiro daga ƙeyarta, har ya fi jikinta tsawo, ya yi ƙululu a gefe guda, daga nan ƙurar iri ke zubowa bisa hanyar 'yan'uwanta masu wucewa.

Mutum zai ce ai ƙwaƙwalwa funfunar ta shiga ta kama linzami. Cikin 2017 aka yanka irin waɗannan tururuwa sala-sala aka duba da madubi mai ƙarfi, aka tarar zaren funfuna ya cika kai da ƙirji da ƙafafu, ya nannaɗe tsokoki kamar saƙa, amma bai shiga cikin ƙwaƙwalwa ba. Daga waje ta ke aika mata da sinadarai. Wannan sana'a kuwa ba ta jiya ba ce. A Messel ta ƙasar Jamus an tono wani ganye da ya zama dutse, mai shekara miliyan 48, ga tabon irin wannan cizo a jijiyoyinsa. Har lissafin damina da rani yana cikin abin: a ƙasashen sanyi, inda itatuwa ke kakkaɓe ganye kowace shekara, dangin wannan funfuna ba ganye su ke sa tururuwa ta ciza ba, reshe ne, don kada gawar ta faɗi kafin iri ya nuna.

ƘUDA DA ALMURU

Na ƙuda ya fi kusa da mu, gama ƙudan gida ne. Tun cikin 1855 Ferdinand Cohn, wani masani Bajamushe, ya bayyana funfunar da a yau a ke kira Entomophthora muscae, ma'anar sunan kuwa mai halaka ƙuda. A ƙasashen sanyi an saba ganin aikinta a gilashin taga: mataccen ƙuda a manne, fukafukai a ɗage, ciki ya kumbura ya yi zobba farare, an kewaye shi da farin gari kamar an barbaɗa alli.

In ƙwayarta ta shiga, kitsen ƙuda ta ke fara ci, ta bar gaɓoɓin da ke riƙe da ransa sai daga baya, kamar mai cin tuwo daga gefe. Ita wannan, ba kamar ta tururuwa ba, tana shiga ƙwaƙwalwa tun da wuri. Bayan kwana 4 zuwa 7 abinci ya ƙare. Ran nan da la'asar sai ƙuda ya kama kai da kawowa, ya bar tashi, ya nemi abin hawa ya yi sama. Ya tsaya, ya miƙa bakinsa ya dangwala bisa abin da ya hau, wani ruwa mai danƙo ya like shi a wurin. Sa'an nan fukafukai su ɗaga a hankali su bar bayansa a buɗe. Kafin almuru ya mutu. Cikin dare, sa'ad da iska ta yi sanyi raɓa ta sauka, funfuna ta ɓullo ta tsakanin gaɓoɓin cikinsa ta riƙa harba iri kamar bindiga. Da rana ce, da zafi ya busar da shi tun bai sami wanda zai kama ba. Ba ta kuma tsaya nan ba: masana a Kofanhagan ta ƙasar Danmak sun nuna cikin 2022 cewa gawar tamata tana fid da wani ƙamshi mai jawo maza, su zo neman aure su kwashi ajali.

Abin da ya fi ba ni mamaki cikin wannan duka shi ne ƙofar lokaci. Masu bincike sun lura tun cikin 1995 cewa ƙudajen nan ba sa mutuwa warwatse cikin yini, sai cikin 'yan sa'o'in da ke gaban faɗuwar rana. Wanda bai kai ga mutuwa yau da maraice ba, ba zai mutu da tsakar dare ko da asuba ba, sai ya jira maraicen gobe, kamar fasinjan da jirgin ƙasa ya tashi ya bari a tasha.

Wata masaniya Ba'amurkiya, Carolyn Elya, ta sami irin wannan funfuna tana kashe ƙananan ƙudajen 'ya'yan itace a bayan gidanta a Berkeley, ta kai ta ɗakin bincike. Sa'a ce babba, gama babu ƙwaron da aka san ƙwaƙwalwarsa kamar wannan. Cikin 2023, tana Jami'ar Harvard, ita da abokan aikinta suka nuna cewa hawan nan yana farawa wajen awa biyu da rabi kafin mutuwa, kuma in aka kashe aikin waɗansu ƙwayoyin ƙwaƙwalwa na rukunin agogon ƙudan, hawan ya kan ragu ƙwarai. Watau ta wayoyin agogon mai gida baƙuwar ke aika umurninta. Amma sa'ar mutuwa fa? Rahoton da ɗakin bincikenta ya fitar cikin 2025 ya nuna ƙudajen da aka lalata musu agogo tun daga gado su ma ba su saɓa wa sa'ar ba. Haka kuma Charissa de Bekker ta riga ta nuna cikin 2017 cewa funfunar tururuwa, ko an raba ta da tururuwa an shuka ta cikin kwalba a duhu, tana riƙe da lissafin dare da rana. Da ita da ɗalibanta a Florida sun kuma ga tururuwan da suka kamu sun bar tsarinsu na fita kiwo da dare, suna yawo ba dare ba rana. A ganina amsar tambayarmu ke nan. Baƙuwa ta kan ɓata agogon mai gida, ta rataya nata a bangonsa.

Wanda ke so ya ga irin wannan da idonsa ba sai ya je Tailan ba. Fara ma tana da tata, Entomophaga grylli, wadda ta ke a Afirka, har an rubuta yadda ta ke karkashe farar nan mai zane-zane da wari a kudancin Nijeriya. Farar da ta kamu ta kan hau kan ciyawa da yamma, ta rungume kara da ƙafafunta ta mutu a haka. Malamin da ya fita da 'yan ajinsa cikin damina, in sun tarar da busasshiyar fara a rungume da tsinin ciyawa kai na duban sama, ya sa su rubuta tsawon wurin da lokacin da suka gan ta. Wannan ya fi a haddace sunayen Latin.

MAI JIRAN SHEKARA 17

A gabashin Amurka akwai wani ƙwaro mai kuka kamar gyare, ana kiransa sikada, wanda 'ya'yansa ke zama cikin ƙasa suna tsotson saiwar itace shekara 13 ko 17, sa'an nan su fito gaba ɗaya miliyan bisa miliyan, su yi aure cikin 'yan makonni su mutu. Yadda su ke ƙidayar shekaru ma abin ji ne. Cikin 2000 Richard Karban ya ba da labarin gwajin da ya yi: ya dasa waɗansu masu shekara 15 a saiwar itatuwan da ya sa suka yi fure sau biyu cikin shekara guda, sai ga su sun fito shekara ɗaya kafin lokacinsu. Ashe hawa da saukar ruwan itace su ke ƙirgawa. Funfunarsu, Massospora, irinta na kwance cikin ƙasa duk tsawon shekarun nan, sai ranar da suka haƙo hanyar fita ta kama su. Ta cinye bayan cikin ƙwaron ta maye gurbinsa da wani farin dunƙule kamar alli, shi kuwa yana ta tashi yana neman mata kamar ba abin da ya same shi, yana barbaɗa iri. Cikin 2019 aka gano tana zuba masa katinon, sinadarin nan mai hana gajiya da ke cikin ganyen kat da a ke taunawa a Yaman da Somaliya da Habasha.

MU FA?

Babban garkuwarmu zafin jiki ne. Jinin mutum digiri 37 ya ke a ma'aunin santigiredi, galibin funfuna kuwa ba sa iya girma a wannan zafi, shi ya sa cikin dubban nan 'yan ɗaruruwa ne kaɗai ke sa mana cuta, yawancinsu ma a fata su ke tsayawa sai ga wanda jikinsa ya raunana. Bayan haka kowace funfunar tururuwa da irin tururuwarta, mabuɗin wannan ƙofa ba ya buɗe waccan, balle a zo ga mutum.

Akwai dai funfunar da ta taɓa lissafin zucin ɗan Adam, amma ta bayan gida. Claviceps cima-zaune ce a kan hatsi. A Turai tana kama wani hatsi mai kama da alkama da a ke kira rayi, ta maye gurbin ƙwaya da wani baƙin abu kamar ƙahon zakara. A zamanin da in aka niƙa shi cikin gari, ƙauye guda ya kan kamu da farfaɗiya da gane-gane, ko yatsu su yi baƙi su guntule. An sake ganin irin wannan annoba a Wallo ta ƙasar Habasha cikin 1977 da 1978. Daga sinadarin wannan funfuna ne Albert Hofmann ya haɗa LSD a birnin Basel na Suwizalan cikin 1938. Ranar 19 ga Afrilu 1943 ya sha ɗan kaɗan don gwaji, ya hau keke zuwa gida, yana ji kamar ba ya motsawa daga wuri ɗaya, alhali wanda ya raka shi ya ce gudu su ke yi. Sai dai funfunar ba ta ci ribar kome da wannan ba, hatsi ta ke nema, mutum karo ya yi da ita. Gero ma yana da tasa irin: zangarniya ta riƙa ɗigar da ruwa mai danƙo da zaƙi lokacin fure, daga baya ta yi baƙaƙen ƙwayoyi masu tauri. A Indiya an sami mutanen da suka ci suka yi ta amai da jiri da magagi. In aka zuba hatsin cikin ruwan gishiri, baƙaƙen ƙwayoyin su kan taso sama a kwashe.

Cima-zaunen da ya shiga jikin mutum ya taɓa agogonsa da gaske kuwa ba funfuna ba ne, kuma ƙasarmu ta san shi sarai. Ƙwayar ciwon barci ce, wadda ƙudan tsando ke ɗaukowa, wadda saboda ita aka tashi ƙauyuka a yankin Anchau na lardin Zazzau tun daga ƙarshen shekarun 1930 aka gina sabon gari Takalafiya. Sunan ciwon ya ɗan ɓad da mutane. Da likitoci suka auna, sai suka ga jimlar barcin majiyyaci cikin awa 24 ba ta fi ta mai lafiya da yawa ba. Tsarin ne ya wargaje: ya yi gyangyaɗi da rana tsaka ko da loma a hannunsa, da dare kuma idonsa biyu. Cikin 2018 Filipa Rijo-Ferreira da abokan aikinta suka sa wa ɓeraye ƙwayar, suka ga agogon jikinsu ya gajarta ya riƙa gudu gaba da lokaci, suna tashi suna kai da kawowa a sa'ar da 'yan'uwansu ke barci, kuma wannan ya soma tun ƙwayar ba ta taru cikin ƙwaƙwalwa ba. Tun daga 2018 sababbin masu kamuwa da a ke kai rahotonsu ga Hukumar Lafiya ta Duniya ba su kai 1,000 a shekara ba, galibinsu a ƙasar Kwango.